Ranar da Aka Sallami Manhajar Matsau

A wurin aiki Matsau ake ce masa, shi kuwa yana amsawa har da fara'a. Ma'aikacin ɗakin kwamfuta ne a wani kamfanin sufuri, mai gyaran firinta da jona wayoyi. Amma ba wannan aikin ne ya ba shi sunan ba.

Tun yana da ƙuruciya ya lura cewa duk saƙon da na'ura za ta aika wa 'yar'uwarta a intanet, sai ta ɗora masa dogon kai: daga wane, zuwa wane, ga irin kayan da ke ciki. Kullum maganar ɗaya, kamar baƙon da ke maimaita gaisuwa a kowace ƙofa. Inda sabis ba ƙarfi kuwa, wannan surutun kaɗai ya isa ya sa sabunta waya ya tsaya a rabi. Sai ya rubuta 'yar ƙaramar manhaja mai matse kan saƙon, ya saka ta a fili, kyauta, kowa ya ɗauka. Aka kuwa ɗauka. Masu haɗa manhajar sabunta wayoyi suka riƙa jingina da ita, ba tare da sun san ko fuskarsa ba.

Godiya? Ina! Ƙorafi dai. Kowace safiya yana zaune a teburin kusurwar falo, mai ƙafa ɗaya a kan kwali, yana karanta saƙonnin baƙi: nan ta ƙi aiki, can ta yi nauyi, yaushe za ka gyara?

"Baban yara, waɗannan da ko sannu ba sa ce maka, su ne suka hana ka karyawa?" in ji matarsa.

"Bar su, marasa kunya," yake cewa, yana gyara musu yana murmushi.

Sai hannunsa na dama ya fara rawa. Da fari ya ce gajiya ce, daga baya likita ya ce abin ba mai tafiya ba ne. Layin da yake bugawa kafin a ƙifta ido ya koma sai ya goge ya sake. Ya yi shela yana neman wanda zai karɓi manhajar ya ci gaba da kula da ita. Masu ƙorafin nan duk suka yi tsit.

Bai damu sosai ba, don yana da 'yarsa Auta. A cinyarsa ta koyi buga madannai, ga ta yanzu tana rubuta manhaja a wani babban kamfani. Barewa ai ba ta gudu ɗanta ya yi rarrafe. Da ta zo hutu ya jawo mata kujera.

"Zauna in nuna miki inda take yoyo. Taki ce yanzu."

Auta ta dube shi ta ce:

"Baba, ka yi haƙuri, ba zan karɓa ba. An yi sabuwa, ta fi sauri, mutane da yawa ke kula da ita. Ina cikin waɗanda suka yi ta. In taka ta zauna ba mai dubawa, wata rana za ta cuci mutane."

Gaskiya ta faɗa, kuma ya sani, shi ya sa abin ya fi ciwo. Ya so ya yi faɗa, ya rasa ta inda zai kama.

Shi da kansa ya shirya sallamar manhajar tasa. Ya ƙi yarda Auta ta taya shi. Ya yi makonni yana fama da hannun, yana gina hanyar da kowace waya za ta bi ta koma sabuwar ba tare da tangarɗa ba. Ranar da ya tura sabuntawar ƙarshe, sai da ya riƙe hannun daman da na hagu kafin yatsa ya sami madanni.

Washegari ya riga kowa tashi, ya zauna a teburinsa. A ransa yana cewa dole wani abu ya karye a wani wuri, dole wani mara kunya ya rubuto yana zagi. Ya buɗe akwatin saƙo, wayam. Ya rufe, ya duba ko sabis ne, ya sake buɗewa.

Matarsa ta ajiye masa shayi, ta leƙa allon.

"Yau me suka ce?"

"Komai ya tafi daidai," ya ce. "Ko mutum ɗaya bai lura na tafi ba."