Kawu Baƙo da Jirgin da Ya Makara

Duk wanda ya taɓa gaida Kawu Baƙo ya san kuskuren da ba a yi sau biyu. Ka durƙusa ka ce, "Kawu, ina kwana, yaya gida?" Sai ya leƙo ka ta saman tabarau kamar ka taka masa sallaya da takalmi.

"Masauki dai. Masauki lafiya lau."

Mutumin da aka haifa a Makka fa! A unguwar Utaibiyya ya yi furfura, a nan haƙoransa suka zube, ya haura tamanin bai taɓa taka ƙasar Katsina ba. Amma har ya bar duniya bai yarda ya kira ɗakinsa gida ba. Sunansa na yanka Usman. Baƙon nan 'yan unguwa ne suka laƙaba masa don tsokana, shi kuwa ya karɓa hannu bibbiyu.

Ni ne Sale, ɗan ƙanwarsa Rabi, wadda muke kira Ummi. Yaran yanzu da Larabci ya cinye musu baki ba su san tushen maganar ba, don haka bari in faɗa a taƙaice. Kakan su Kawu, Malam Isa, ya taso daga wani ƙauye a ƙasar Katsina da ƙafa, shi da matarsa Dije da ɗansu ƙarami, tun Turkawa na riƙe da Makka. Suna tafe suna yada zango, a yi noma a yi ƙodago, har suka kai Sawakin, bakin Bahar Maliya. Jirage biyu suka tarar, irin na katako da iska ke turawa. Na farko ya cika, sai gurbin mace da yaro. Malam Isa ya tsaya da manyan kaya, ya miƙa wa Dije ƙunshin haraminsa na farin saƙi, ya ce, "Riƙe mini. Ku jira ni a Makka, kada ku gusa, ina bayanku."

Na farko ya iso Jidda. Na biyu kuwa shiru kake ji, har yau. Ba a ga katako ba, ba a ga gawa ba, ba a ga wanda ya ce ya gani ba. A zamanin nan har manyan jiragen Turawa masu hayaƙi sukan shiga ruwa su ɓace, balle na talakawa da ko suna ba shi da shi.

An ce wa Dije ta jira, ta kuwa jira. Dalilin zamanmu a Makka ke nan. Ita ta raini Kawu, ta ɗura masa Katsinancinta da taurin kanta, ta bar masa ƙunshin haramin nan, sannan ta cika.

To, mai jira ba ya kafa ƙusa. Kayan Kawu kaf a akwatin ƙarfe ɗaya suke, kullum a shirye. Gado? Baƙo da gado! Matarsa, Allah ya jiƙanta, ta yi fama har ta haƙura. Limamin lungunmu ya taɓa cewa da ya sakar masa fuska, da Kawu sallar ƙasaru zai riƙa yi irin ta matafiya. Wata shekara zafi ya yi zafi, na sayo masa mukayyif, abin sanyaya ɗaki.

"Wanga kuma na mi ne?"

"Na sanyi ne, Kawu."

"In Malam ya iso muka tashi, kai za ka ɗauke shi a ka har Katsina?"

Nan take dabara ta faɗo mini. Na ce, "Ai aro na ba ka."

"To, aro ba laifi."

Shekara da shekaru yana shan sanyin aro. Duk ranar da abin ya lalace sai ya aiko a kira ni: "Ya shekh, zo ka duba kayanka, kada gobe ka ce ni na ɓata maka."

Duk wannan abin dariya ne, sai abu ɗaya da ba ya ba Ummi dariya ko kaɗan. Malam Isa aikin hajji ya fito yi, bai kuwa yi ba. Mu zuriyarsa muna zaune a ƙofar Harami. Kawu kansa ya yi ƙuruciyarsa yana dako a Mina, ya hau Arfa ya fi a ƙirga. Ya yi wa uwarsa hajji, ya yi wa ubansa, ya yi wa wani maƙwabcinmu mutumin Cadi da ba su haɗa ko kaza ba. Amma mutumin da ya tako rabin duniya saboda wannan aikin, ba wanda ya taɓa yi masa. Hujjar Kawu ita ce ba a yi wa mai rai da lafiya hajji, wanda ya yi masa kuwa ya kashe shi ke nan da baki.

Duk shekara sai an yi ta. Ummi ta ce, "Yaya, bana dai ka bari in yi wa Kaka."

"Ya tako daga Katsina har Sawakin da ƙafa tai, ke ki hau bas daga unguwar Aziziyya ki ƙwace masa? Abadan!"

Da ta so ai sai ta yi niyya a ranta, wa zai sani? Na taɓa ba ta wannan shawarar, ta harare ni. Ta ce Kawu ne ya riƙe ta bayan rasuwar iyayensu, aikin da aka sato daga bayan babba ina albarkarsa? Tsoronta ɗaya ne, kuma takan faɗe shi a fili: in ita da Yaya suka kau, ba sauran wanda zai tuna an taɓa yin wani Isa.

Sai ta koma ɗana wa Kawu tarko. Kun san Kawu ba ya cin kifi. Ba ƙyama ba ce, kifin gwangwani yana ci har ya sha man. Na Bahar Maliya ne ba ya taɓawa. Ran nan Ummi ta dafa shinkafa da kifin Jidda, ƙamshi har tsakar lungu, ta dire masa tire a gaba.

"Ɗauke, Rabi."

"Yaya, ina da tambaya. Ka ce Kaka bai nutse ba?"

"Ban ga ya nutse ba."

"Tayyib, da kyau. To in bai nutse ba, me ya haɗa ka da kifi?"

Muka ce yau dai an kama tsoho. Ya gyara tabarau, ya dubi kifin, kifin ma ya dube shi.

"Ban ce kifi ya ci shi ba. Amma duk duniya in akwai wanda ya san inda jirgin nan ya bi, to wanga ne da danginsa. Ke kin taɓa ganin an cinye shaida?"

Ya ture kifin gefe cikin girmamawa, ya share shinkafar tas.

Wanda ya fi kowa shan wuya shi ne wani malami baƙo daga Kano da ya zo umara, muka gayyace shi sunan ɗana. Bawan Allah bai san dawan garin ba. Ummi ta raɗa masa sunayen magabata, ya ɗaga hannu yana addu'a mai daɗi, muna ta amin. Yana cewa "da marigayi Malam Isa" sai Kawu ya sauke hannunsa.

"Dakata, Malam. Marigayi? Wa ya riga?"

"Alhaji, ai ya riga mu..."

"Mu muka riga shi! Ga mu nan zaune, shi yana baya. Ka ga makararsa?"

"A'a."

"Ni ma ban gani ba. Wanda ba a ɗauka a makara ba, makara ya yi. Ci gaba da addu'arka."

Malamin nan, maimakon ya yi shiru, sai ya shiga lissafi da yatsu. Ya ce cikin ladabi, "Alhaji, Allah shi ne masani, amma da yana raye ai yanzu ya kusa ɗari da hamsin."

"Annabi Nuhu nawa ya yi?"

"Ai wannan Annabi ne..."

"Shi ma jirgin ruwa ya shiga."

Kai! Limamin lungunmu ya cusa fuska cikin rawani, kafaɗunsa na rawa. Malamin Kano ya shafa fatiha a gurguje, ko shayi bai tsaya sha ba.

Abin mamaki, duk wannan rigimar da Kawu ke yi a kan teku, bai taɓa ganinta ba. Jidda ga ta nan kusa, amma ya ce cewa aka yi kada a gusa. Sai da idonsa ya yi yana, likitan da zai yi masa aiki kuma a Jidda yake, sannan muka sa shi a mota yana ta mita. Bayan ido ya washe muka koma a duba shi, a hanyar dawowa na bi da shi ta bakin ruwa, ban yi shawara da kowa ba. Na tsaya, na buɗe masa ƙofa.

Ya fito ya dafa sandarsa. Ya dubi dama, ya dubi hagu, ya dubi inda ruwa ya haɗe da sama.

"Wanga ne?"

"Shi ne, Kawu."

"Ina ɗaya gaɓar?"

"Ba a hango ta daga nan."

Ya sake duban ruwan. Can ya ce, "Ashe da faɗi. To ai dole mutum ya makara."

Na yi dariya, shi bai yi ba. Har muka shigo Makka ko tuƙina bai kushe ba, abin da bai taɓa faruwa ba tun da na fara riƙe sitiyari. Ni dai ina jin a ransa wani babban rafi Dije ta bar masa, irin wanda in ka ɗaga murya na wancan gefen zai ji ka.

Da watan aikin hajji ya matso sai ya ce in nemo mana tasrihi, wato izinin aikin, ni da shi da Ummi. Na ce ƙafarsa fa? Ya ce keken da zan tura shi a ciki aro ne, ba laifi. Ummi ba ta ma yi roƙonta na shekara-shekara ba, ta gaji.

Ranar fita Mina na je ɗaukarsa. Na tarar da akwatin ƙarfe a buɗe, Kawu a zaune cikin wani harami da ya koma ruwan ƙasa-ƙasa don tsufa, farin saƙi mai kauri, duk layin ninki a jikinsa. Ummi na shigowa ta gane haramin Malam Isa ne, ta dafe ƙyaure. Shi kuwa ko kallonmu bai yi ba. Ya fuskanci alƙibla, ya ɗaga murya yadda ko kurma zai ji, ya yi niyyar aikin hajji a madadin kakansa Isa.

Ummi ta zauna a ƙasa tana kuka. Ni ma, gaskiya, sai da na juya baya ina gyaran keken da ba abin da ya same shi. Da ta sami numfashi ta ce, "Yaya, ka yarda ke nan?"

"Na yarda da mi? Layi na kama masa. In ya iso ya sake nasa. Yalla, Sale, tura."

Haka na tura shi, yana riƙe da gefen haramin kada ya yage, yana yi wa duk wanda ya goge shi tsawa cewa kayan mutane ne. A Arfa, da rana ta yi sanyi, ina tsaye a bayansa na ji abin da yake roƙo, don Kawu bai iya raɗa ba.

"Ya Ubangiji, ka san inda ka aje shi. In yana hanya, ka gaggauto da shi. In kuwa yana wajenka, ka jiƙansa, ka gaya masa ba mu gusa ba."

Bai kai wani aikin hajjin ba. Wata safiya bayan sallar asuba ya kwanta a kan tabarmarsa, mukayyif ɗin aro na ta aiki, bai tashi ba. Mun ga makararsa, ni na kama ta gaba, don haka ba shi da bakin musu in na kira shi marigayi. Masu gaisuwa suna ta shigowa suna cewa Alhaji Baƙo ya riga mu gidan gaskiya. Ummi ta share ido da gefen mayafi, ta ce, "Gida kuka ce? To yau dai ba wanda zai gyara muku."

Allah ya jiƙan Kawu Baƙo, ya sa ya huta. Allah ya jiƙan Dije da aka ce ta jira ta jira. Allah ya karɓi hajjin nan, ya jiƙan Malam Isa da duk waɗanda suka shiga jirgi tare da shi. Ka yi haƙuri, Kawu, kai ka fara faɗa. Allah ya haɗa ku a inda in an tambaye ka gida za ka ce lafiya lau.