Uwar Iskandar a Deptford

Ina da shekara tara aka kawo Inna London. Inna ita ce mahaifiyar Abbanmu, kuma sunanta aka sa mini, Rabi, shi ya sa kowa a gida yake kirana Ummi, ita kuwa takwara take ce mini. Kafin zuwanta muryarta kawai na sani, a waya, ranar salla. Ta sauka cikin tsananin sanyi da atamfa da mayafi da silifas, Mama ta tare ta a filin jirgi da kwat ɗin Abba, wadda hannayenta suka rufe mata yatsu. An ce mana ganin jikoki ta zo. Ni da ƙanwata Hanifa, mai shekara shida, muka yarda, duk da cewa a lokacin Abba ya kai wata guda a kwance a asibiti.

Muna zaune a wani gidan bene na hayar ƙaramar hukuma a unguwar Deptford, hawa na biyu, kusa da kasuwa. A falo akwai tsohuwar wutar gas a jikin bango, mai huci idan an kunna ta. Inna ta ƙi kujera. Ta shimfiɗa dardumarta a gaban wutar, nan take salla, nan take cin tuwo, nan take gasa tafin ƙafarta. Abin da ya fi ɗaure mata kai shi ne magariba da ƙarfe huɗu. Takan ce garin nan ko rana ba ta son daɗewa a cikinsa.

Kullum da safe Mama takan kai ta asibiti a bas, su dawo da azahar, da yamma Mama ta koma ita kaɗai ta bar mu da Inna. Wata Asabar aka tafi da mu, na ga yadda take zama. Kujerar bakin ƙofa ta ɗauka, ta kafa wa labule ido, ta tambayi Mama ko yaron nan ya ci abinci, alhali ga shi nan a kwance yana jin ta. Abba ya yi murmushi ya ce ya ci. Ba ta dube shi ba. Shi ne ɗanta na fari, ba ta kama sunansa, ba ta yi masa magana kai tsaye a gaban mutane. Ni da na tashi a London ban san wannan kunyar ba. Na ɗauka ba ta son sa ne, na kuma riƙe abin a raina.

Abba ya bar Kano yana da shekara ashirin da biyu, ya zo karatun injiniya, ya gama ya kama aiki a jirgin ƙasa. Cikin shekara goma sha shida sau biyu ya je gida. Kowace shekara yakan ce baɗi.

A waɗancan yammacin ne, tsakanin magariba da dawowar Mama, Inna ta fara ba mu labarin Iskandar. Ta ce mu gyara zama, wannan ba tatsuniya ba ce, mutum ne da ya sha ruwa ya taka ƙasa kamar kowa. Mahaifinta malami ne, a zaure yake karanta wa ɗalibansa labarin da Larabci yana fassarawa, ita kuma tana yarinya tana laɓe bayan ƙofa tana kwashewa.

Iskandar, in ji Inna, ɗan sarkin wata ƙaramar ƙasa ce mai duwatsu, Makadoniya. An kashe ubansa yana da shekara ashirin, ya gaji sarauta, amma ƙasar ta yi masa kaɗan. Ya tara dakaru ya haye teku, ya nufi gabas. Ya kori sarkin Farisa, wanda a lokacin babu mai ƙarfinsa a duniya, har sarkin ya gudu ya bar iyalinsa a filin daga. Ya shiga Masar aka naɗa shi sarki. Duk inda ya yada zango sai ya sa a gina birni a sa masa sunansa, har biranen suka yi yawa, mai kai wasiƙa ya rasa wanne ake nufi. Kowace yamma birni ɗaya ko biyu Inna take cinye mana, da muryar dawaki da ta giwayen Hindu, tana buga tafinta a darduma. Hanifa, wadda take jin Hausa amma da Turanci take amsawa, takan tambaya ko dokinsa yana gajiya. Inna ta ce a fassara mata, in na fassara sai ta ce dokin har mutuwa ya yi a hanya, uban gidansa bai tsaya ba.

Amma ko wane birni aka ci, sai Inna ta komo da mu Makadoniya, wurin uwarsa. Ta ce ranar da zai tafi uwar ta raka shi bakin ƙofar gida, ya ce mata shekara biyu zai yi. Yana aiko mata da zinariya da yadudduka da bayi, har ɗakuna suka cika.

“Ita kuwa me za ta yi da su?” in ji Inna. “Duk ayarin da ya shigo, ba kayan take dubawa ba. Fuskokin mahaya take bi ɗaya bayan ɗaya, har na ƙarshe ya wuce.”

Ni wannan ɓangaren yana gundurata. Nakan ce ta koma kan yaƙi, ta ce takwara ba ki da haƙuri, ta koma.

A labarin mun kai bakin wani kogi a ƙasar Hindu, inda ruwan sama ya ruɓar da tufafin dakarunsa, suka zauna a ƙasa suka ce ba mai ƙara taku ɗaya, gida suke so. Iskandar ya shiga tantinsa ya yi kwana uku yana fushi, sannan ya juya. Na yi murna, na ce to yanzu zai je wurin uwarsa. Inna ta dubi wutar ta ce nan za ta tsaya yau. Washegari ta ce kanta na ciwo. Jibi ma haka. Mako biyu ba ta ƙara ɗaukar labarin ba, sai carbi. A makonnin nan ne Mama ta daina dawowa kafin mu kwanta, aka kuma daina kai mu asibiti.

Ranar Talata da hantsi Abba ya rasu. Maƙwabciyarmu ce ta ɗauko mu daga makaranta, muka tarar falo cike da mata, takalma har kan matakala. Inna tana wurinta a gaban wuta, ana yi mata gaisuwa tana amsawa, idonta a bushe. Na tsaya ina kallon ta, na ji na tsane ta.

Takardun asibiti sun ɗauki kwana biyu, kuma a kwana biyun nan waya ba ta huta ba. Ƙannen Abba a Kano suka ce a sa shi a jirgi a kawo shi gida, a rufe shi kusa da mahaifinsa. Mama tana so a rufe shi a nan, da wuri kamar yadda addini ya ce, kuma inda ’ya’yansa za su san wurin. Amma ba ta iya musu da dangin miji ba, sai dai ta ajiye waya ta shiga banɗaki ta kunna famfo don kada mu ji kukanta. Kowa ya san maganar Inna ce za ta raba gardama, Inna kuwa ba ta ce komai ba.

Ranar Laraba bayan magariba, da masu gaisuwa suka watse, ta kira mu. Ta ce mu zo ta ƙarasa mana. Na ce ba na so. Ta ce ko ba na so in zauna. Mama tana tsaye a ƙofar kicin da tawul a hannu, ba ta shigo ba, ba ta kuma koma ba.

Inna ta ce Iskandar bai isa gida ba. A birnin Babila zazzaɓi ya kama shi, kwana goma da ’yan kai, ya mutu bai cika shekara talatin da uku ba. Tun gawarsa ba ta huce ba manyan dakarunsa suka fara rabon ƙasashen, wannan ya ɗauki Masar, wancan ya ɗauki Farisa, suka koma yaƙar juna. An sa shi a keken zinariya za a kai wa uwarsa. A hanya ɗaya daga cikinsu ya tare ayarin, ya karkata da shi Masar, can aka ajiye shi. Ko gawar ba ta gani ba.

Abin da ya iso mata, in ji Inna, wasiƙa ce da ya sa aka rubuta da ya ji jikinsa ya ƙi. Ya ce idan labarinsa ya zo mata, ta dafa abinci mai yawa, ta sa a yi shela kowa ya zo ya ci, amma kada wanda ya taɓa rasa wani nasa ya shigo. Ta sa aka yanka shanu, aka jera akusa tun daga zaure har bakin hanya. Ta zauna tana jira. Azahar ta yi, la’asar ta yi, ko yaro bai leƙo ba. Ta aika a tambayi mutane, kowa ya ce shi ya binne uwa, ko ɗa, ko miji.

Hanifa ta tambaya ko daga nan ta daina baƙin ciki. Wannan karon Inna ba ta jira fassara ba.

“A zauren babana haka ake cewa, wai ta gane ba ita kaɗai ba ce, ta haƙura. Ni ban yarda ba. Tsohuwa ce fa, ta san babu mai zuwa tun kafin ta ɗora tukunya. Ta dafa ne don shi ya ce ta dafa. Shi ne abu na ƙarshe da ya roƙe ta.”

Wutar tana ta huci. Sannan ta ɗaga kai ta dubi Mama.

“Binta, kira mutanen Kano ki ce na ce a rufe shi a nan. Yaran nan biyu sun fi ni sauran kwana.”

Mama ta durƙusa a inda take, ta rufe fuska da tawul. Daga baya, da na girma, ta gaya mini cewa Abba ya roƙi Inna wannan tun yana iya magana, wata safiya da suka rage su biyu a ɗakin, kuma Inna ba ta amsa masa ba har ya rasu. Kwana biyun nan da ta yi shiru, da kanta take kokawa.

Ranar Alhamis aka yi masa salla a masallacin Regent’s Park, maza suka wuce da shi maƙabartar Musulmi a gabashin gari. Mata ba su bi ba. Bayan sadakar arba’in bizar Inna ta kusa ƙarewa, ta koma Kano. Kwat ɗin Abba kaɗai ta roƙa, ta tafi da ita garin da ba a bukatar kwat.

Na yi shekaru ina ɗaukar labarin Iskandar a matsayin wa’azi kan duniya, cewa mutum ya mallaki rabinta ya tafi bai ɗauki komai ba. A makaranta da aka zo kansa na ji sunayen yaƙoƙinsa da taswirar daularsa, uwarsa kuwa layi biyu aka ba ta, aka ce mace ce mai zafin rai. Sai da na haifi ɗana na fari na gane abin da Inna take yi a waɗancan yammacin. Ba ta da hanyar da za ta ce tana kewar ɗanta, ko tana tsoron zai mutu, ko ta yi fushi da shekara goma sha shida na baɗi. Sai ta samo wata tsohuwa a Makadoniya ta ɗora mata duka, ta faɗa a gaban ’ya’yansa. Ni kuma ina ce mata ta koma kan yaƙi.

Sau ɗaya na ƙara ganin ta. Ina da shekara ashirin da shida na je Kano, na same ta idonta ya tafi, tana gane mutane da murya. Ta kori yaran gidan daga ɗakin, ta jawo ni kusa, ta rage murya kamar mai tambayar abin kunya. Ta ce in gaya mata yadda wurin da aka rufe shi yake. Akwai inuwa? Idan an yi ruwa, yana kwanciya a kai? Su wa ke kusa da shi?

Rabona da maƙabartar shekara bakwai. Jirgin ƙasa biyu da bas ɗaya ne daga gidana, kullum ina cewa sai an samu sarari. Na ce mata akwai itace babba a gefensa, wurin kan tudu ne, ruwa ba ya tsayawa, kuma muna zuwa a kai a kai. Ta ce alhamdulillahi, ta saki hannuna.

Mako guda da dawowata London na je. Na sha wuya kafin na gano layin, don an ƙara ɗaruruwan kaburbura. Babu itace ko ɗaya a ɓangaren. Ƙasar ta lotsa ta tsakiya, ruwan sama ya taru a ciki, ciyawa ta rufe rabin sunansa. Na durƙusa na cire ciyawar da hannu, na nemi masu kula da wurin suka kawo ƙasa suka cike. Na ɗauki waya zan kira Kano in gaya mata gaskiya, in ce yanzu an gyara. Na daɗe a tsaye da wayar a hannu, na mayar da ita aljihu. Inna ta rasu da damina ta gaba, tana ganin ɗanta a ƙarƙashin inuwa yake.