Makirufon Kawu a Bakin Ƙofa

Jiya a unguwar Barbès jirgin ƙasa na metro ya ja birki a kan gada bisa kaina, ƙarfe ya yi kuka, sai na ga na ɗaga yatsa ɗaya kamar yadda marigayi Kawu yake yi. A wurinsa kowace ƙara kiɗa ce. Dakan turmi, tafasar tukunya, duk ya naɗa ya zuba a finafinansa. Dangi suka ce shirme ne. Ni ma na faɗa.

Ranar wasansa a birnin Lyon, yana kaɗa ƙwarya cikin ruwa, a majigin bayansa hannun kakata kawai ake gani tana tankaɗe. Mutane suka fara ficewa. Kunya ta rufe ni. Da aka yi hutu na ruga wurinsa.

"Kawu, rabin zauren ya watse!"

"Na ji, ɗiyata. Wa kike zaton ya sa makirufo a bakin ƙofa?"

Da takun masu ficewar da ƙarar kujerunsu da ya naɗa ya buɗe kashi na biyu. Waɗanda suka rage suka miƙe da tafi.

Ba shirme ya yi ba, kunnenmu ne bai kai ba. Allah Ya jiƙanka, Kawu, Ya jiyar da kai abin da kunne bai taɓa ji ba.