Gangar Noma a Bikin Innata

Kakata Hansai ta Tsiga ba mace ce mai sauƙin kai ba, kuma ba zan yi mata kwalliya don ta rasu ba. Gajeriya ce, mai kaifin baki, ba ta dariya sai abin ya kai a yi. Kaɗi ne sana'arta. Tun da na yi wayo nake ganin ta da mazari a hannu da alli a yatsu, har idonta ya tafi ba ta ajiye ba. 'Ya ɗaya Allah ya bar mata, innata Rabi, kuma ita ce ta fari. Saboda kunyar 'yar fari, Hansai ba ta taɓa kama sunanta ba. "Yarinyar nan" take cewa, ko "waccan". Ni jika kuwa, sunana Maijidda ya sha wuya a bakinta daga safe har yamma.

Abin da ya sa har yanzu ake labarinta a Tsiga shi ne bikin innata. Ban gani ba, amma na ji shi daga bakin mutane da yawa, kuma duk wanda zai faɗa sai ya fara riƙe baki.

Da rani aka sa bikin. Kakana manomi ne da kan taɓa fatauci in an gama girbi, sai mahara suka tare ayarinsu a hanyar Maska, bai dawo gida ba. Hansai ta shiga takaba, aka ɗaga biki. Ko da ta fita, ruwa ya sauka, dangin ango kuma suka aiko daga Dandume cewa haƙurinsu ya ƙare, a ba su matarsu.

Ga kuma gona. Marigayin ya bar babbar gona a bakin rafi. Uwa da 'ya sun iya shuka ta, amma noma ya gagare su, ciyawa ta taso ta rufe dawa. A garinmu, gonar da ciyawa ta cinye, mai gari kan ba mai hannuwan nomanta. Ummaru, ƙanin marigayin, yana da 'ya'ya maza biyar, kuma ya riga ya fara zagaya iyakar gonar da safe yana murza ƙasa a hannu. Mai gari ya aiko wa Hansai cewa in Jumma'a ta zagayo ba a nome ta ba, zai ba Ummaru. Biki kuwa ranar Laraba.

Duk abin da ke hannunta taure ɗaya ne, sai ɗan geron da ya rage a gindin rumbu.

Masu wasa ba su san da wannan ba, su dai sun ji ƙanshin biki. Maharazu mai kalangu ya zo daga Bakori, mutumin da kowace budurwa ke mafarkin ya kaɗa mata ranar aurenta, ya ce a ba shi tauren sukutum. Zabiya ta zo da masu kiɗan ƙwarya, ta ce zanen saƙi biyu. 'Yan kama na Matazu, masu ba da dariya, suka ce su ba sa son komai sai a ciyar da su, alhali su shida ne, kuma kowa ya san cikin ɗan kama. Innata ba ta iya buɗe baki gaban uwarta, sai ta tura ƙawarta ta roƙa mata a ɗauko Maharazu, ko da ba za a ci nama ba. Hansai ta ce, "Na ji." Wanda ya san ta ya san wannan kalmar a bakinta ba alkawari ba ce.

Kwana biyu kafin biki aka gan ta tana bin gida-gida aron hauya, wai za a gyara ƙofar gida. Ba wanda ya tsaya ya tambaya wace irin ƙofar gida ce ke cin hauya talatin.

Ranar Laraba aka ɗaura aure da safe. Hantsi ya yi, ƙofar gida ta cika. Samarin Tsiga sun sha wanka, abokan ango sun iso daga Dandume ɗaukar amarya, kowa da rigarsa mai shuni. Innata na ɗaki a lulluɓe, ƙawayenta sun kewaye ta, kowa ya kasa kunne yana jiran kalangu.

Sai ƙasa ta amsa da wani kiɗa mai nauyi. Gangar noma ce.

Ga Maiwada nan, makaɗin manoma, tafe da ƙatuwar gangarsa a rataye, wadda ba a taɓa jin ta ba sai a bakin gona ranar gayya. Daga baya aka ji cewa shi fatar tauren kawai ya nema, zai ɗaure ganga da ita. Wata tsohuwa ta saki ludayin da ke hannunta. Liman, da ya ɗaga ƙafa zai sa takalmi, ya tsaya a haka.

Gwaggon ango ta miƙe tana tafa hannu. "La'ilaha illallahu! Hansai, biki muka zo ko gayya?"

"Duka biyu, Gwaggo," in ji kakata. Ta yaye zanar da ke jingine da katanga, hauyoyi suka bayyana a jere. "Fura tana gona. Tuwo da naman taure ma can za a sauke."

"Ke ko kunya ba ki ji? A bikin 'yarki?"

"Na ji ta. Na auna ta da gona, gona ta fi nauyi."

Ummaru ya buɗe baki zai yi magana, amma Maiwada ya riga shi. Ya saki taken Ɗanasabe, gwanin noman Tsiga, wanda ba a taɓa wuce shi a kunyar noma ba. Ɗanasabe yana zaune da sabuwar riga, ya yi kamar bai ji ba, amma ƙafarsa ta fara rawa. Maiwada ya juya ya fuskanci baƙi, ya rera cewa ya ji labari samarin Dandume hannunsu laushi ne, sai ɗaukar amarya suka iya. Wani dogo cikin abokan ango, Aƙilu, ya tashi ya tuɓe rigarsa ya jefa kan zana. "Ba ni hauya," ya ce.

Shi ke nan, magana ta ƙare. Ɗanasabe ya yi kururuwa ya zabura. Kafin a ce mene ne wannan, riguna sun taru tuli a ƙofar gida, samari sun bi ganga sun nufi rafi, Tsiga a gefe ɗaya, Dandume a ɗaya. Kakata ta san ba ranar da za ta sake samun samarin gari biyu wuri ɗaya, kowane yana tsoron a ce an fi shi. 'Yan mata suka bi su da guɗa. Har 'ya'yan Ummaru uku aka gani a cikin layi, uban yana kiransu ba su ko waiwayo ba. Kafin la'asar gonar ta yi fes, mai gari ya zo da kansa ya gani, ya girgiza kai ya tafi.

Amma akwai wadda aka manta. Ƙawayen amarya sun fice kallo ɗaya bayan ɗaya, suka bar innata ita kaɗai a ɗaki, tana jin ganga daga nesa. Ba wanda ya yi mata waƙa, ba wanda ya kira sunanta. Kowace amarya tana kuka, amma nata na gaske ne. Washegari masu ɗaukar ta suka tafi da ita suna ɗingishi, hannuwansu duk sun yi kanta. A Dandume aka sa mata suna Amaryar Hauya, sunan ya bi ta har ta haife ni.

Shekarar da fara ta cinye amfanin Dandume muka dawo Tsiga da zama, kuma gonar nan ta bakin rafi ita ta riƙe mu. Innata ta san haka. Tana durƙusawa ta gaida uwarta, tana yi mata wanki, da idonta ya tafi ita ke kai ta ko'ina. Amma in aka ji kalangu a wani gida, sai ta shige ɗaki ta saki labule. Ni abin yana ba ni haushi da su duka biyun, don ba wadda ta taɓa tayar da zancen.

Da nawa bikin ya zo, kakata ta ce ita za ta ɗauki nauyin kiɗa. Na ce, "Ke tsohuwa, ni fa ba ni da gona." Ta ɗaga sanda ta nemi inda muryata take. Ashe audugar da ta shuka a gefen gonar, ita ta kaɗa shekara guda tana ajiye zaren a tukunya, ta aika wa Maharazu ladan kiɗa.

Ranar wuni ya zo, gemunsa fari fat, kalangu a hammata. Aka zaunar da kakata a tsakar gida, ina leƙen ta ta ƙasan mayafi daga bakin ƙofa. Ya rusuna ya ce, "Inna, da amarya za a fara?"

"Da amarya," ta ce. Sa'an nan ta ɗaga murya yadda kowa zai ji. "Rabi. Ka kaɗa wa Rabi."

Mata suka dafe ƙirji, wata ta yi salati. Shekara arba'in ba wanda ya taɓa jin sunan nan a bakin nan. Innata tana ɗauke da ƙwaryar fura, ƙwaryar ta kuɓuce ta fashe a ƙasa.

Maharazu ya matse kalangu ya saki taken amare. Innata ta taho kamar mai tafiya cikin barci, ta zube gaban uwarta ta kifa kai a gwiwarta, kafaɗunta suna rawa. Kakata ta lalubo kanta, ta shafa furfurar da ta fara fito mata.

"Tashi ki taka, Rabi," ta ce. "Na makara, amma ga shi."

Ta tashi ta taka, tana kuka tana takawa. Ƙawayena kuwa duk suka fice kallo, suka bar ni ni kaɗai a ɗaki. Na zauna ina share hawaye da bakin mayafi, ban kira kowa ba.