Mukullin Gida da Shuɗin Zare

Saura kwana biyu ɗaurin aure, muna falon Yaya Hadiza a unguwar Morrisania da ke Amurka ana zana wa 'yarta Nafisa lalle, sai amarya ta ce ita fa ba za ta shiga ɗakin miji ba sai da abubuwan sa'a huɗu irin na amaren Amurka: tsoho, sabo, na aro, da shuɗi.

Na ce to madalla. Mu da aka kai mu da buta da tsintsiya da "yi na yi, bari na bari", ashe shuɗi muka rasa, shi ya sa muka sha wuya.

Nan fa gwaggonni suka shiga nuna bajinta. Wannan ta miƙo sarƙar da ita ma arowa ta yi, waccan ta ce ai babu tsohon abu kamar haƙuri, Nafisa ta ƙulle shi a bakin zane.

Sai Yaya Hadiza ta miƙe. Ta ciro mukullin gidanta, ta ɗaura masa shuɗin zare, ta danƙa wa 'yarta.

"Ga tsoho, ga shuɗi, kuma aro ne. Ni da aka sauke ni a filin jirgin JFK ina amarya, ba ni da ƙofar da zan buga in ta ɓaci."

"Mama, saura sabo."

"Angon naki fa? Ko ledarsa ba a ɓare ba."

Masu wa'azin haƙuri duk suka sunkuya suna duba waya.

Ke fa, ranar naki me aka danƙa miki, mukulli ko kwaɗo?