Idon Inna a Bakin Teku

Shekarar da aka yi wa Inna aikin ido, ni da matata muka kai ta Kwatano. Yanar ido ce ta rufe mata idanu biyun a hankali, har ta kai ba ta bambance komai sai dare da rana. Ni ɗan kasuwar albasa ne, hanyar Malanville zuwa Kwatano na san ta ciki da bai, amma a saman buhuna na saba yin ta. Wannan karon a kujera na zauna kamar mutumin kirki, Inna a tsakiyarmu tana tambayar sunan kowane gari da motar ta tsaya.

Likita ya cire yanar idon dama, washegari ya kwance bandejin. Inna ta buɗe idon, haske ya soke ta, ta ga hazo-hazo, ta mayar ta rufe. Likitan ya ce haka yake farawa, cikin ’yan kwanaki zai washe. Ya ba da maganin ɗigawa da baƙin tabarau, ya ce mu dawo bayan mako. Tun daga wannan sa’a Inna ba ta sake buɗe idon da kanta ba. In lokacin magani ya yi, matata ce ke ɗaga fatar da yatsa, ita kuwa ta juya ƙwayar sama don kada ta ga komai.

Na yi lallashi, na yi faɗa, na kawo mai masaukinmu na Zango ya yi mata nasiha. Dalilinta ɗaya ne. Wata ƙawarta a Garou ta je wurin masu ture yana da allura, ta gani kwana biyu, daga nan duhu ya rufe har ta koma ga Allah.

“Muddin ban buɗe ba, ina da ido,” in ji Inna. “In na buɗe na ishe babu, mi ya rage mani?”

Ni mutum ne mai gajen haƙuri, kowa a rumfar albasa ya shaida. Amma maganar nan ta kashe mini jiki, don nima tsoron nake ji, ban dai faɗa ba.

Mai masaukin ne ya kawo dabara. Ya ce mu kai ta Wida, tsohon garin nan na bakin teku inda jiragen Turawa ke tsayawa a da. Tafiyar wuni ɗaya ce, a je da safe a dawo kafin magariba. Ya ce duk taurin kan mutum, in ana ta cewa “kai, dubi wancan” a gefensa, sai ya leƙa. Ya haɗa mu da wani jagora mai yawo da baƙi, ɗan garin, baƙi siriri, da hula mai baki da wata tsohuwar mota da ƙofarta ɗaya ba ta buɗuwa sai daga waje. Hausarsa a Zangon Wida ya tsinto ta, irin ta ciniki, babu kara babu sakaya zance. Da Inna ta tambaye shi ko motar tasa lafiyayya ce, cewa ya yi, “Mama, ba lafiya. Amma yana tafiya.”

Inna ta yi dariyar da rabona da jin irinta tun muna gida.

Muka kama hanya da hantsi, itatuwan kwakwa dama da hagu, masu sayar da fetur a kwalabe jere bakin titi, bangaye duk hotunan ’yan takara da ruwan sama ya kwaɗe. Ni kuwa na shiga aikina. “Inna, kin ga kwakwa kuwa! Inna, ga wata mata da tulin abarba a ka!” Matata na taya ni. Inna ta kishingiɗa, tabarau a fuska, carbi a hannu, ta ce mu yi ta gani, Allah ya ƙara mana.

Zangon farko ganuwar Turawan Fotigis ce, wani tsohon gini da aka mayar gidan tarihi. Akwai manyan bindigogi kwance a tsakar gida, tsatsa ta cinye su. Jagora ya kama hannun Inna ya ɗora kan ɗaya, ta shafa tun daga gindi har baki, ta ce ƙarfen ya isa a yi tukwanen biki. A ciki ya nuna mana sarƙoƙi da mari, ya ce a da nan ake cinikin mutane kafin a loda su a jirgi. Na so in sassauta zancen saboda tsohuwa, amma da Hausa yake yi, ba ni da inda zan sa baki.

“Har da masu maganarku, Mama,” ya ce. “Daga arewa an kawo su. Wasu, mutanen arewa sun sayar. Wasu, mutanenmu sun sayar. Bature ya saya.”

Na harare shi. Inna ta ce, “Wanga yaro bai iya ƙarya ba, ko don ladabi.” Ta sa aka miƙa mata sarƙar ta auna nauyinta a tafin hannu, ta mayar, amma idon yana nan a rufe.

Daga nan sai ɗakin mesa. Mutanen garin suna girmama macijin nan, sun gina masa ɗaki, kuma abin da ya fi ba ni mamaki, ga babbar coci can tsallaken titi tana kallonsa, kowa na harkarsa. A nan na sa rai ƙwarai. Na ce duk duniya babu wanda za a ce masa ga maciji a gabansa ya ƙi buɗe ido. Mai kula da ɗakin ya fito da wata mesa mai sanyin jiki, kafin in ankara ya rataya mini ita a wuya. Ni da nake cika baki a mota cewa na kashe kububuwa a gonar shinkafa, sai ga ni a sandare ina karanto duk addu’ar da ta zo bakina, har da ta cin abinci. Matata ta yi dariya har ta durƙusa.

“Inna, don Allah ki buɗe ki gane shi! Wallahi in kin rasa wagga kin yi hasara!”

“Ba sai na gani ba,” in ji Inna. “Ina jin muryatai. Haka shika yi tun shina yaro in an kawo wanzami.”

Muka yi azahar a masallacin Zango, muka ci soyayyen kifi da tuwon masara mai tsami a wata rumfa. Inna ta ɗanɗana ta ce kifin teku gishiri ne kawai da ƙaya, bai kama ƙafar giwan ruwan kogin Kwara ba, amma ta cinye nata ta sa hannu a nawa. Jagora ya zaga da mu cikin tsofaffin unguwanni, gidaje masu bene da tagogin katako, fentinsu ya koɗe, waɗanda ya ce jikokin bayin da suka dawo daga ƙetare ne suka gina. Gari ne mai kyau, mai inuwa, ba hayaniya. Na ji daɗinsa, amma rabin hankalina yana kan baƙin tabarau ɗin nan. Rana ta fara karkata, dabarar mai masauki ba ta ci ba.

Saura wuri ɗaya. Wata hanyar yashi ce ta fita daga gari, ta ratsa fadama inda mata ke dafa gishiri, ta miƙe har bakin ruwa. Jagora ya ce ita bayi ke bi a ƙafa. A ƙarshenta an gina wata babbar ƙofa a tsaye ita kaɗai, ba bango ba ɗaki, don tunawa da waɗanda suka wuce ta nan ba su dawo ba. Tun kafin mu fito daga mota Inna ta ɗaga kai.

“Wane injin ne haka?”

“Ruwa ne, Inna.”

“Ruwa ba shi kuka haka sai in ya ci gari.”

Muka riƙe ta, ni dama matata hagu, muka wuce ta ƙarƙashin ƙofar, muka gangara cikin yashi. Iska na kaɗa mayafinta. Na tsayar da mu taku kaɗan daga inda ruwan ya tsaya, yadda muke yi a bakin kogi, ban san wannan ba ya tsayawa wuri ɗaya ba. Sai ga shi ya taso da kumfa ya lulluɓe mana ƙafafu har ƙauri, ya ja da baya da takalmina ɗaya. Ina bin takalmi, na waiwayo, na ga Inna ta saki hannun matata. Ta tsaya cak, fuskarta na kallon ruwan, kuma ta gefen tabarau na hango fatar idon a ɗage.

Ban yi motsi ba. Matata ta toshe baki da hannu. Inna ta daɗe tana kallo, ta juya kai dama, ta juya hagu, ta miƙa wuya gaba. Sannan ta rufe idon, ta lalubi hannun matata.

“Mu tahi gida,” ta ce, muryarta ƙasa-ƙasa. “Aikin bai yi ba.”

Na ce, “Inna, mi kinka gani?”

“Kusa-kusa ina gani. Nesa babu. Na duba, na duba, ban ga tsallake ba.”

Sai da na ɗan jima kafin na gane. Inna a bakin Kwara aka haife ta, a nan ta yi wanki ta yi wanka ta tsufa. Duk ruwan da ta taɓa sani, in ka tsaya a wannan gaci kana hango wancan: itatuwan wajen Gaya, shanu na shan ruwa, masu kwale-kwale na ɗaure jirage. Ko da damina ta cika kogin ya batse, tsallake yana nan. Da shi ta auna idonta, ta tarar babu.

Dariya ta kama ni, ta farin ciki, na ce, “Inna, ai wanga ba shi da tsallake! Mu ma ba mu gani!” Matata ta rantse mata. Inna ta girgiza kai, hawaye na gangarowa ta ƙarƙashin tabarau.

“Haka kuka ce mani shekara da shekaru. Da sauƙi, Inna. Ya kusa washewa, Inna. Na san don kuna so na ne. Ku bar ni haka nan.”

Gaskiyarta ce. Mun daɗe muna yi mata irin wannan ƙaryar ta tausayi, yau ga gaskiya a bakinmu ta ƙi karɓuwa. Raina ya ɓaci, ban san da wa zan yi fushin ba. Ina tsaye da takalmi ɗaya a hannu, sai ta ce, “Ina yaron ga mai mota?”

Jagora ya matso.

“Ɗana, kai ba ka jin kunyata. Hwaɗa mani, kana ganin tsallake?”

“Mama, an haife ni nan. Kullum ina zuwa nan. Ban gani ba ko sau ɗaya. Babana bai gani ba.”

“Ruwa ba shi rasa tsallake.”

“Akwai. Amma jirgi na da, wata ɗaya, wata biyu, bai kai ba.”

Inna ta fuskanci ruwan. Ta ce to ya yi shiru, ita za ta faɗi abin da ta gani, shi kuma ya ce i ko a’a. Ta buɗe idon.

“Can ƙarshe, ruwa ya gamu da sama, miƙe kamar an ja zare.”

“I.”

“Ga wani abu baƙi shina hawa shina sauka. Jirgi ne, da mutane ciki.”

“I. Masunta.”

“Can hagu, bisa yashi, farar saniya kwance.”

“A’a, Mama. Wannan Bature ne, yana shan rana.”

Inna ta fashe da dariya, dariya da kuka a haɗe, har sai da ta dafa kafaɗar jagora. Wannan a’a ɗin ita ta gamsar da ita, duk rantsuwarmu ba ta yi ba. Ta sake duban ruwan, ta daɗe, fuskarta ta canza. Ta ce, “Allah sarki, bayin Allah. Ashe ko inda za a kai su ba su hanga ba.” Ta ɗaga hannu ta yi wa bayin da suka wuce ta nan addu’a, muka shafa, har jagora da ba addininmu ɗaya ba ya cire hularsa.

Daga nan ta juya wa iska baya, ta ɗage tabarau zuwa goshi. Ni na gyara tsayuwa, ina jiran ta dube ni, ɗanta na cikinta. Ta dube ni kuwa, sama da ƙasa, ta ce na yi tumbi, ta wuce. Wurin matata ta nufa. Sai a lokacin na tuna yanar ta riga aurenmu. Wannan da ke tuƙa mata tuwo, ta yi mata kitso, ta kai ta bayan gida ta dawo da ita, Inna muryarta kawai ta sani da tafin hannunta.

Ta kama fuskarta da hannu biyu, ta juya ta wajen haske. Matata ta rasa inda za ta sa kanta, ta yi murmushi don kunya.

“Ikon Allah,” in ji Inna. “Ɗiyata, ashe wushirya gare ki? Duk gidan nan ba wanda ya hwaɗa mani.”

Matata ta kai hannu ta rufe baki, hawaye na zuba. Inna ta janye hannun.

“Ɗauke hannunki, ban gama gani ba.”