Ranar da ban auna surukina ba

Lokacin da Yola take ƙarƙashin Maiduguri, ni ne malamin awo a filin jirgi da ke Jimeta. Wani ƙaramin jirgi ne yake zuwa mana, kujerunsa ba su kai yatsun hannu biyu ba. Aikina ɗaya: duk wanda zai shiga ya hau sikeli, kayansa ma su hau, in rubuta nauyin a takarda in miƙa wa direban jirgin. Da wannan takarda yake sanin ko jirgin zai iya tashi.

Direban wani dattijon Bature ne mai ƙarancin magana. Ranar da na kama aiki ya ajiye mini littafin dokoki, ya ce kowane layi da ke ciki sai da wasu suka mutu kafin a rubuta shi. Na ce to. A raina kuwa na ce Bature da son tsoratarwa.

Matsalar ita ce a garinmu gyaɗa ake aunawa, ba dattijo ba. Wa zai dubi Modibbo da rawaninsa ya ce ya hau sikeli? Saboda haka na koyi awon ido. Yara da 'yan boko su hau, manya kuwa in dube su daga nesa in rubuta abin da ya zo mini. Na daɗe ina haka ba abin da ya faru, har na fara jin kaina gwani.

Wata rana da bazara surukina, mahaifin matata, ya tashi tafiya Maiduguri. Ɗan kasuwar yadi ne a Yola Gari, ƙaton mutum, ga babbar riga kan babbar riga. Tun da na auri 'yarsa ban taɓa cin abinci a gabansa ba, ban taɓa haɗa ido da shi ba. Na durƙusa na gaishe shi, na wuce da shi ta gefen sikelin, na rubuta masa nauyi irin na ladabi.

Sai kuma 'yan rakiya. Bayan na rufe takarda, wannan ya kawo busasshen kifin tafkin Njuwa a kai wa ƙanwarsa, wancan ƙullin shinkafa, wata tsohuwa kwalbar zuma. Sallahu ne, ba a ƙin sallahu, balle a gaban suruki. Duk aka cusa a ƙarƙashin kujeru ina kallo. Na san zafin rana yana rage wa jirgi ƙarfin tashi, yana cikin littafin, na karanta. Na miƙa takardar haka nan.

Jirgin ya kama gudu. Ya wuce inda ya saba ɗaga hanci bai ɗaga ba. Ya ci gaba da gudu har ƙarshen fili, sa'annan ya ɗago da ƙyar kamar saniyar da ta sha rani. Akwai wata bishiyar maɗaci a can bayan shinge. Na ga kanta ya girgiza, ganye ya zubo. Matata tana gefena da goyo tana ɗaga wa mahaifinta hannu, ba ta lura da komai ba. Ni kuwa sai na zauna a kan sikelin.

Da jirgin ya dawo bayan kwana uku, direban ya shigo ofishina ya ajiye wani ɗan reshe a kan tebur. Ya ce a jikin tayar jirgi ya ciro shi. Ya tambaye ni ko ina da abin faɗa, na ce babu. Bai kai ƙarata ba. Reshen ya bushe a aljihun teburina har na bar aiki.

Surukina ya dawo yana yabon direba, wai har ƙasa-ƙasa ya bi da su don su ga gari da kyau. Matata ta yi ta dariya.

Bayan damina ya sake tashi tafiya, da 'yan rakiyarsa kamar kullum. Na durƙusa na gaishe shi, na ce, "Baba, sai kun hau sikeli."

Ya ce, "Malam, ni?"

Na ce, "Ku, Baba. Da kayan duka."

Ya daɗe a tsaye. Sa'annan ya tuɓe takalmansa ya hau, ni kuma na kafa idona a kan allurar sikelin. Ta wuce abin da na rubuta masa a baya da nisa. Kifi da zuma suka koma gida a hannun masu su.

Daga ranar bai ƙara taka ƙofar gidana ba, ko da sunan 'ya'yana sai dai ya aiko. Ya yi tsawon rai, ya rasu a kan shimfiɗarsa, jikokinsa kewaye da shi. Har ya koma ga Allah, in aka ambace ni cewa yake, "Wannan da ya auna ni kamar buhun gyaɗa." Ban taɓa musawa ba.